Shekarar da Babanku Ya Shiga Kicin

Ranar da muka taru a gidan 'yata Ummi a unguwar Sedgefield don sunan 'yarta, ina zaune a falo riƙe da jaririya na ji ɗana Nura daga kicin yana ba matarsa labarin gidanmu. Da Turanci yake yi, yana dariya, wai shi a ƙarƙashin dokar Mama ya tashi, wai rana ɗaya na wayi gari na kori nama daga gida, na mayar da kowa mai cin laimar kwaɗi. Matarsa ta yi dariya, 'yan'uwansa Ummi da Ikram suka taya ta. Na ƙyale shi, domin ba a gyara wa namiji zance a gaban matarsa. Amma maganar ta biyo ni har gida. Na ga idan na yi shiru haka za ku ba 'ya'yanku, su ma su ba nasu, alhali mutumin da ya kamata a ambata ba ya duniya. Ko da yana nan ma ba zai ce uffan ba, kun san halin babanku. Shi ya sa na ware wa waccan shekara babinta ita kaɗai a cikin tarihin da zan bar muku.

Ni 'yar mahauta ce. A Wudil aka haife ni, a gidan da ƙamshin soyayyen nama ya riga ya kama bangon ɗakuna. Mahaifina, Allah ya jiƙansa, fawa ya gada, kuma tun ban isa ɗaukar tulu ba na san tsokar da ake fere wa kilishi da wadda ake ajiye wa dambu. Da babanku ya kawo ni Greensboro ban zo da Turanci ba, ban zo da takardar makaranta ba, hannuna kawai na zo da shi. A ƙaramin gidanmu na unguwar Glenwood, wanda ɗalibai ke haya hagu da dama da shi, hannun nan ne ya yi mini suna. Duk suna, duk walima, duk Babbar Sallah, a bayan gidanmu ake kafa tukwane. Maza su tafi wata gona a wajen gari inda ake yanka, su dawo da naman layya a bayan motoci, mata su cika tsakar gida da surutu da wuƙaƙe, ni ina tsakiya ina cewa a rage wuta, a ƙara gishiri, a sauke wancan. Hajiya Balaraba mai dambu, haka ake kirana har garuruwan da ban taɓa zuwa ba. Ba zan ɓoye muku ba, ina son sunan nan. A ƙasar da ko sunan titinmu ban iya faɗa daidai ba, akwai wuri guda da in na yi magana kowa ke cewa to.

A jikin shingen bayan gida ina da ɗan fili inda nake shuka yakuwa da rama da kuɓewa. Bayan shingen ciyawa ce doguwa da bishiyoyi, har barewa kan ratsa da sassafe. A farkon zafin waccan shekara, bayan na gama cire ciyawa, na tarar da kaska ta manne a bayan gwiwata, 'yar mitsitsiya mai ɗigon fari a gadon baya. 'Yar mahauta ba ta tsoron kaska. Na cire ta, na murƙushe da farce, na wanke hannu na ci gaba da aikina. Wurin ya daɗe yana ƙaiƙayi, daga baya na manta da shi. Bayan wasu makonni sai borin jini ya fara tasar mini, jiki ya yi rudu-rudu, ciki ya murɗa kamar ana matse wanki. Yau ya zo, gobe babu. Na canza sabulu, na canza man shafawa, na daina sa zanin da na yi zargi. Wata ta ce zafi ne, wata ta ce baki ne ya kama ni saboda yawan yabo. Malam, wato babanku, ya yi ta tofa mini addu'a a ruwa ina sha. Ba wanda ya kawo nama a ransa, domin abin ba ya zuwa lokacin da ake ci, sai bayan an wanke kwanuka an manta da abin da aka ci.

Wata Asabar aka yi suna a gidan Alhaji Ɗanlami, aminin babanku. Ni na yi girkin. Da azahar na zauna na sha farfesun kayan ciki har na ƙara. Muka dawo gida, na yi la'asar, ina ninke kaya a falo sai na ji tafin hannuna yana ƙaiƙayi, sannan kunnuwana, sannan harshena ya fara cika mini baki. Na buɗe baki in kira Malam, murya ta ƙi fita. Allah ya sa a daidai lokacin Anti Rifkatu ta shigo dawo da tukunyar da ta ara. Kun san ta, maƙwabciyarmu 'yar Kafanchan mai aikin jinya, wadda ba ta fashin coci kuma ba ta fashin tuwon sallarmu. Tana ganin fuskata ta saki tukunyar a ƙasa, ta ɗauko waya ta kira motar asibiti, tana yi wa Malam tsawa ya ɗaga mini ƙafafu. Abin da na riƙe na ƙarshe kafin idona ya rufe shi ne fuskar babanku, ba hula, leɓɓansa suna motsi. Tun da na aure shi ban taɓa ganin tsoro a fuskarsa ba sai ranar.

Washegari a asibiti Anti Rifkatu ta zauna a bakin gadona, ta yi ta tambayata abin da na ci da lokacin da na ci. Can sai ta ce,

"Maman Ummi, kaska ta taɓa cizonki a ƙasar nan?"

"Kaska kuma? Wannan ai tun farkon zafi ne."

"To ki gaya wa likita yadda kika gaya mini."

Aka ɗebi jinina. Da sakamako ya fito, likitan ya yi dogon bayani, Ummi tana juya mini da Hausa. Wai akwai irin kaskar da ke yankin nan wadda idan ta ciji mutum takan bar masa wani abu, jikinsa ya koma yaƙi da naman dabbobi.

"Ya ce duk dabba mai ƙafa huɗu, Mama. Saniya, rago, akuya, har romonsu. Kaza da kifi ba komai. Amma ya ce naki ya yi tsanani, har nono da man shanu ki bari."

"Har yaushe?"

Ummi ta tambaye shi, ya buɗe hannuwa.

"Ya ce wasu yakan sake su, wasu ba ya sakinsu."

Aka ba ni wata allura mai kama da ƙaton biro, aka ce duk inda zan je in tafi da ita, in abin ya taso in caka a cinya. Na dawo gida ina cewa a raina, to, ni ce aka hana, ba gidana ba. Na ci gaba da dafa muku nama kamar kullum, ina ɗanɗana wa Ikram a cokali tana gaya mini ko gishiri ya ji. Sai dai ƙirjina ya fara ƙin hayaƙin suya. Wata rana Malam ya dawo daga aiki da wuri ya tarar da tukunya tana tafasa ba kowa a kicin, ni kuwa ina zaune a matakalar bayan gida, allurar a hannuna, ina jan numfashi da ƙyar, ina jira in ga ko zai lafa. Ya shiga ya kashe wuta, ya buɗe tagogi, ya zo ya zauna kusa da ni har na dawo daidai. Washegari, bayan kun tafi makaranta, ya ɗauko manyan ledoji ya buɗe firiza ya fara kwashe duk wani jan nama da ke ciki.

"Malam, me kake yi haka?"

"Zan kai gidan Alhaji."

"Yara fa? Kai fa? Don Allah ka bari, zan riƙa ɗaure hancina, ko Ummi ta riƙa soyawa in fita waje."

"Balaraba, ki bar mini wannan."

Iyakar abin da ya ce ke nan. Da Nura ya dawo ya buɗe firiza ya ga wayam, ni ya samu a kicin, ni ya tambaya, ni kuma na ce masa saboda ni ne. Gaskiya na faɗa, amma shi abin da ya ji shi ne ni na sa. Ya ce da Turanci ba adalci ba ne mutum ɗaya ya yi ciwo a hukunta gida gaba ɗaya, ya haura sama ya bugo ƙofa. Lokacin yana ganiyar girma, yana wasan ƙwallo, kullum cikin yunwa yake, ban ga laifinsa ba. Babanku kuwa ba mutum ba ne da zai tara 'ya'ya ya yi musu bayani. Haka aka bar zancen, haka kuka riƙe shi.

Babbar Sallah ta matso. Malam da kansa ya tsaya bayan sallar Juma'a ya gaya wa mutane cewa bana ba a gidansa za a yi ba, layyarmu kuma ya wakilta 'yan'uwana su yanka a Wudil. Aka zo da mota aka kwashe manyan tukwanena zuwa gidan Alhaji Ɗanlami, ina tsaye a taga ina kallo. Ranar sallah kuka yi kwalliya kuka tafi can. Na ce wa Malam ya bi ku, ai wurin maza ne, ya ce ƙafarsa na ciwo. Muka zauna mu biyu a gidan da a irin wannan rana ba ka jin maganar na kusa da kai don hayaniya, muna jin ƙarar firji. Na tuƙa tuwo da miyar kuka ba nama, ya cinye nasa tas, ni na kasa. Na ce masa,

"Malam, ni yanzu mene ne amfanina a garin nan?"

Ya turo mini kwanon, ya ce in ci abinci. Daga ranar na fara lalacewa. Tsoro ya shige ni, kowace loma ina zarginta. Kaza ta fita raina, in na tauna kamar auduga. Shayi ba madara da busasshen burodi suka zama abincina. Zannuwana suka fara zagaye ni har da saura, Anti Rifkatu ta yi faɗa har ta gaji. Ba yunwar ciki kaɗai ba ce. Bakina yana neman abin da haƙori zai kama, abin da ya ji wuta, hannuna kuma yana neman aikin da ya saba.

A lokacin babanku yana aiki a kamfanin ƙera ƙananan jiragen sama da ke kusa da filin jirgi, yana haɗa wayoyin lantarki. Akwai Japanawa da yawa a wurin. A cikinsu akwai wani dattijo, Mista Hayashi, mai duba aiki bayan an gama, matarsa ta rasu, shi kaɗai yake zaune. Shekara da shekaru suna cin abincin rana a tebur ɗaya, kuma na tabbata duk maganar da suka yi a tsawon lokacin ba za ta cika hirar mata ta yini guda ba. Shiru ne ya haɗa su. Daga baya Malam ya ba ni labarin cewa wata rana dattijon ya buɗe ɗan akwatin abincinsa, ƙamshi ya bugi hancin babanku kamar an wuce ta gaban mai tsire. Ya tambaye shi naman mene ne. Ya ce ba nama ba ne, ya miƙo masa. Malam ya tambaya ko akwai alade, ya ce babu. Ko akwai giya? Dattijon ya ce akwai 'yar giyar shinkafa da suke zubawa a miyar. Malam ya janye hannunsa ya ba shi haƙuri, sannan, abin da bai taɓa yi da kowa a wurin aiki ba, ya gaya masa halin da nake ciki. Mista Hayashi ya rufe akwatinsa. Bayan mako guda ya zo da akwati biyu, ya tura wa Malam ɗaya, ya ce wannan babu giya, ya yi ta gwadawa a gida har ya samu abin da zai maye gurbinta.

Wata Asabar da hantsi Malam ya ce mini za mu yi baƙo. Aka ƙwanƙwasa ƙofa, sai ga ɗan siririn tsoho mai furfura, da jaka a hannu. Tun kafin a ce masa komai ya tuɓe takalmansa ya jera su a bakin ƙofa, ya rusuna ya gaishe ni. Nan take ya kwanta mini a rai, domin na gaji da baƙin da ke taka mini darduma da takalmi. Ya ajiye jakar a teburin kicin ya fara fito da kaya: wata kwalba mai baƙin ruwan waken soya, zuma, ruwan tuffa, citta ɗanya, tafarnuwa, man riɗi. Sannan ya buɗe wata takarda, sai ga su jibge, masu launin ƙasa, da 'yan ƙafafunsu. Na kalli Malam ina murmushi don kada baƙo ya gane, na ce da Hausa,

"Malam, laimar kwaɗi ce fa."

"Na gani."

"Abin da ke tsirowa a juji in an yi ruwa? Wanda ake dukanmu in mun taɓa?"

"Wannan nomawa ake yi. Na ci, ga ni a tsaye."

"Kuma zuma a cikin miya? Ni za a ba abinci mai zaƙi kamar yarinya?"

"Ki zauna dai."

Na miƙa hannu zan ɗauko kasko, domin ko ba na so, kicin ɗina ne. Malam ya tare ni, ya jawo kujera ya ce in zauna. Ashe ya roƙi dattijon ne ya koya masa shi da kansa. Ku da kuka san babanku, ku tsaya ku yi tunanin wannan. Mutumin da ko ruwan shayi bai taɓa ɗorawa ba, wanda sai da ya tambaye ni inda ake ajiye wuƙa a gidansa, ya naɗe hannun rigarsa, ya tura hula ƙeya, ya tsaya gaban murhu kamar ɗalibi. Mista Hayashi ya nuna masa cewa ba a jiƙa su a ruwa, da ɗanyen tsumma ake goge su ɗaya bayan ɗaya, a cire ƙafar, a ɗan tsattsaga bayan da bakin wuƙa. Malam ya ga abin zai ɗau lokaci, ya juye su duka a kasko ɗaya, ya ƙure wuta, ya kwarara zumar tun da wuri. Kafin ka ce me, hayaƙi ya turnuƙe, ƙararrawar gobara ta ɗau ihu, tsohon yana tsalle yana kaɗa mata tawul, Malam yana riƙe da kasko yana neman inda zai ajiye. Ikram ta leƙo daga bene tana dariya har da zama. Ni ma na ji dariya ta kufce mini, irin wadda na daɗe ban yi ba, har da hawaye.

Aka wanke kasko aka sake. Wannan karon dattijon ya tsaya a kafaɗarsa. Mai kaɗan, kasko ya yi zafi sosai, a jera su da tazara kada su taɓa juna, sannan a ƙyale su. Duk lokacin da Malam ya kai cokali zai juya, sai tsohon ya dafa hannunsa ya girgiza kai. Suka fitar da ruwansu, ruwan ya ƙone, gefensu ya fara yin ja, sai a lokacin aka juya. A ɗan kwano an riga an gauraya ruwan soya da zuma da ruwan tuffa, an goga citta da tafarnuwa a ciki. Aka rage wuta aka zuba. Ya yi cuuu, ya fara kumfa, yana kauri yana kama jikinsu, har suka koma baƙi-baƙi suna ƙyalli kamar an shafa musu mai. Mista Hayashi ya ce a garinsu teriyaki ake ce wa irin wannan girki, kuma ma'anar sunan gashi mai sheƙi. Ya barbaɗa riɗi da yankakken lawashi, Malam ya ɗora a kan farar shinkafa ya ajiye a gabana.

Hancina ya riga ya ci amanata tun suna kan wuta. Duk da haka na ajiye allurar kusa da farantin, na yi bisimilla, na ɗauki ƙarami. Haƙorina ya kama abu. Ya yi tauri daidai, ya saki romo, ga ɗanɗanon wuta, ga gishiri, ga zaƙi can ƙasa wanda bai yi rashin kunya ba, ga citta tana bi ta maƙogwaro. Ba nama ba ne, kuma ba zan ce muku nama ne ba, 'yar mahauta ba ta yin wannan ƙaryar. Amma ya je wurin da nama yake zuwa. Na ɗauki na biyu, na uku, ban ɗago kai ba sai da na ga farantin ya koma fari. Da na ɗago, mazan biyu suna tsaye suna kallona kamar masu jiran sakamakon jarrabawa.

"Yaya?" in ji Malam.

"Ba yaji," na ce.

Ya juya wa baƙon da Turanci, tsohon ya yi dariya har ya riƙe ciki. Amma ba a gama ba, domin duk mun san ciwona ba ya zuwa sai an jima. Anti Rifkatu ta riga ta duba kwalaben ta ce babu abin tsoro, duk da haka zuciya ba ta yarda. Na ɗauka baƙon zai tafi, sai ya ce zai jira. Suka fita baranda suka zauna, shi da babanku, suna kallon ɗalibai na wucewa a kan kekuna. Jifa-jifa Malam ya leƙo ya ce, "Lafiya?" in ce lafiya. Ya yi azahar, ya yi la'asar, tsohon yana zaune. Sai da rana ta faɗi, lokacin da abin ya saba tasowa ya wuce sarai, sannan Mista Hayashi ya miƙe, ya rusuna, ya sa takalmansa. Na rasa Turancin da zan gode masa. Na ce masa Allah ya saka da alheri, da Hausa, ya sake rusunawa kamar ya ji.

Daga nan kowace Asabar babanku ke shiga kicin. Ya san shagon 'yan Asiya inda ake samun masu kyau, ya iya zaɓe, yana juya su yana duba ƙasansu kamar yadda mahaifina ke duba haƙoran sa. Cin wannan ya buɗe mini ciki, na koma cin kaza da kifi, jikina ya dawo. Da ƙarfi ya dawo sai sha'awar girki ta taso, na fara tsoma baki daga kan kujera, har ranar da ya miƙo mini cokali ya ce to zo ki yi. Ni da na ciyar da ɗaruruwan mutane, na tsaya babanku yana bayana yana cewa kada ki juya tukuna, Balaraba, ki ba shi lokaci. Na yi masa biyayya, domin a wannan girki shi ne malamina. Daga baya na sa nawa hannun. Na ƙara attaruhu, na soke su a tsinke na gasa a kan gawayi ina shafa musu miyar, na barbaɗe da yajin ƙuli. Anti Rifkatu ta ce su a Kafanchan tun suna yara suke cin abin a miya, mu ne dai muka tsaya ƙyama. Wasu matan suka dawo suna zama a bayan gidanmu, wasu suka ɗanɗana suka ce a zuba musu na yara, wasu ko taɓawa ba su yi ba. Manyan tukwanena ba su dawo ba, sunan mai dambu ma ya koma kan wata, kuma ta cancanta. Na yi kewarsa, har yau nakan yi. Da Mista Hayashi ya yi ritaya zai koma ƙasarsu, na daka masa yajin ƙuli cikin gwangwani, ya karɓa da hannu biyu. Ban sake ganinsa ba. Kullum ina roƙon Allah ya haɗa shi da masu kyautata masa kamar yadda ya kyautata wa matar da bai sani ba.

Akwai abu ɗaya da ban sani ba sai bayan rasuwar babanku. Ina cikin takaba Alhaji Ɗanlami ya zo da matarsa, ya tsaya daga bakin ƙofar falo ya yi mini gaisuwa. Ya yi addu'a, sannan ya ce,

"Hajiya, akwai abin da ya hana ni faɗa yana raye. Tun shekarar da kika yi ciwon nan, ban sake ganin Malam Sani ya kai jan nama bakinsa ba. Ko a walima, ko a gona ranar yanka, ko da muka je Hajji. Sai ya ɗauki kaza, in babu ya ci shinkafarsa haka."

Na ce ba zai yiwu ba, ai ni da kaina nake ce masa ya ci a waje.

"Na sha ce masa, Malam, ai Hajiya ba ta nan, ba abin da zai same ta. Sai ya ce ba zai iya komawa gida da ƙamshin abin a bakinsa ya zauna kusa da ke ba."

Bayan sun tafi na zauna ina tuna duk ranakun da ya dawo daga taro. Nakan karɓi babbar rigarsa in rataye, in ce masa, Malam, yaya naman nasu, ya yi laushi? Ina tambaya ne don in ji daɗi ta bakinsa, tunda ni an hana ni. Shi kuma kullum amsarsa ɗaya ce, yana cire agogo, ba ya kallona. Yakan ce, "Ba wanda ya iya irin naki." Shekaru ina jin wannan ina murna, ina ɗauka ya ci ne ya gwada.

Allah ya jiƙan Malam, ya haskaka kabarinsa, ya ciyar da shi daga abin da babu mai hana shi. Ku ce amin.